Kumfar Iska a Idon Nari

Duk wanda wani abu ya taɓa buga masa ido, ko da kumburin ya saɓe, ko da jan ya washe, idan ya fara ganin ƙananan ƙudaje suna yawo a gabansa, ya kora ba su koru ba, to ya ajiye abin da yake yi ya tafi asibiti a ranar. Kada ya ce sai Litinin. Don wannan kaɗai na zauna rubutun nan, in ba haka ba ni tela ce, ba ruwana da alƙalami. Sunana Habsu, 'yar Damagaram. Ina zaune a Stains, gefen Paris a Faransa, da maigidana Malam Issufu, ina ɗinki a gida ina kai wa wani shago a unguwar Barbès. Wadda na yi jinya ba ɗiyata ba ce. 'Yar Koriya ce, sunanta Nari, kuma ɗiyata Rakiya ce ta buga mata idon.

Rakiya tun tana lakwal, wato makaranta, ta kamu da wasan badminton, wanda ake doka wata 'yar ƙwallo mai gashin tsuntsu da raket ta tsallaka raga. Volan suke ce wa ƙwallon. Na yi faɗa har na gaji, babanta ya ce a bar ta tunda da dogon wando da ɗankwali take yi. Da ta girma wata ƙungiya a Lyon ta ɗauke ta, can aka haɗa ta da Nari su riƙa wasa su biyu a gefe ɗaya. Nari ta girme ta da fiye da shekara goma. Ta daɗe tana yi wa ƙasarta wasa, ta zagaya duniya, ta zo Faransa ne don ta ƙarasa sauran ƙarfinta. Ita ke tsayawa gaba kusa da raga, Rakiya a baya tana tsalle tana sara. Dokar farko da ta koya wa Rakiya ita ce, wadda ke gaba ba ta waiwaye, ko me ta ji a bayanta. Volan ba shi da nauyi, amma kansa daidai ramin ido yake.

Wata Talata, a wajen horo, Nari ta waiwaya.

Ina kan keke ina haɗa hannun riga salula ta yi ƙara. Rakiya ko gaisuwa ba ta yi ba.

"Maman, na kashe mata ido."

"Idon wa? Ke, yi magana kamar mutum."

"Nari. Ni na buga. Jini ne a ciki, Maman, ba ta gani."

Na kashe keke, na ɗauki mayafi, na bar wa Malam saƙo. Har jirgin ƙasa ya kai ni Lyon ban ji tsoro ba, ban ji komai ba. Rigar da ban gama ba kawai nake tunani.

Na same su a sashen gaggawa, a kan kujerun robar nan da aka jera jikin bango. Nari ta dafe ido da tawul, zaune cak, kamar mai jiran bus. Rakiya ce ke kuka, har wata tsohuwa ta ɗauka ita ce mara lafiyar. Mun jira tun bayan azahar har rana ta yi sanyi. Likitan da ya duba ta yaro ne, a gajiye yake, ban ga laifinsa ba. Ya ce jinin zai kwanta da kansa, ta huta, ta sa magani. Yana tsaye hannunsa a kan ƙofa ya ƙara da cewa in ta ga walƙiya ko ƙudaje ko labule ta dawo. Da sauri ya faɗa, cikin Faransancin da ni mai shekaru a ƙasar nan da ƙyar na kama. Nari ta ce "oui, oui" tana sunkuyar da kai. Haka take ce wa kowa, ta gane ko ba ta gane ba. Wannan kam ina da ƙorafi a kansa har gobe: magana mai nauyi haka ai zama ake yi a faɗe ta, a kuma nemo mai fassara.

Makon farko ido ya kumbura ya yi baƙi. Mako na biyu ya saɓe. Kafin wata ya cika ya washe tas, aka ce ta koma wasa. Muka yi hamdala, na ma yi sadakar waina.

Sai gasar Paris ta zo, suka sauka gidanmu. Gasar na da muhimmanci gare su, don a kanta ƙungiya za ta duba ko za ta sabunta wa Nari kwantiraginta, kuma a shekarunta in wannan ƙofa ta rufe babu wata. Ranar da suka iso tana taya ni yankan albasa na ga tana ta kaɗa hannu a gaban fuska.

"Ke, gidana ba ƙuda," na ce mata. "Kada ki ɓata min suna."

Ta yi dariya. Ta nuna idon dama ta ce ƙanana ne, a ciki suke, sun kwana biyu, "ça va, Maman," wato ba komai. Na ce ai kamar likitan Lyon ya ambaci ƙudaje. Ta ce ta sani, bayan gasa za ta je. Rakiya ta ce haka ne, Litinin za su je tare.

Ranar Asabar na je kallo, karo na farko a rayuwata. Wasan farko sun ci. A na biyu, ni da ban san kan wasan ba na lura duk volan da ya bi ta damanta sai ya wuce ta kamar ba ta nan. Ba ta ma ɗaga hannu. Abokan karawar suka gane, suka yi ta aika mata can. Da aka tashi ta zo ta zauna kusa da ni, tana goge gumi, ta ce cikin natsuwa wani ya ja mata labule daga gefe, ya kai rabi.

Daga filin muka wuce asibitin ido. Can ma layi ne, kowa da audugarsa a fuska. Likitar da ta duba ta mace ce mai farin gashi, ita kam ta jawo kujera ta zauna. Kalma ɗaya ta maƙale min: décollement, wato ɓallewa. Ta ce a can bayan ido akwai wata fata siririya, ita ke ɗaukar hoto, bugun ya yage ta, ruwa ya shiga ta yagar, tana ɓallewa kamar takardar bango da laima ta kama. Ta tambaye ta tun yaushe ƙudajen suka fara. Nari ta faɗa. Likitar ba ta yi faɗa ba, ta dai ce da a lokacin aka zo, da ɗan ƙonawa da haske ya isa, a zaune, a koma gida. Yanzu ɓallewar ta kai tsakiya, inda ake ganin abu sosai, sai aiki.

An yi aikin farkon mako. Sun mayar da fatar, sun cika idon da wata iska don ta danne ta har ta kama. Kumfar iskar sama take tasowa, saboda haka sai mutum ya kife fuskarsa ƙasa kafin ta danna inda ake so. Aka ce ta zauna a kife, ta kwanta a kife, ta ci a kife, sai ɗan hutu kaɗan a kowace awa. Aka ɗaura mata wani zobe na roba a wuyan hannu mai rubutun gargaɗi. Ba hawa jirgin sama, ba hawa dutse, har sai kumfar ta ƙare, don in ta yi sama za ta kumbura ta lalata idon gaba ɗaya. Wato Koriya ta rufe mata. A Lyon kuma ɗaki ɗaya gare ta a hawa na sama, ba kowa.

Malam Issufu ne ya yanke maganar a bakin asibiti. "Ɗiyarmu ta buga. Ina za ta in ba gidanmu ba?"

Muka ba ta ɗakin Rakiya. Matashin da ake haya a kantin magani ya takura mata goshi, sai na yanka soso na ɗinka mata wani mai rami a tsakiya, na lulluɓe shi da ragowar shadda. Na ajiye madubi a ƙasa a karkace don ta riƙa ganin mai shigowa da ido mai lafiya. Maganin ɗigawa kala-kala ne, wani safe da yamma, wani duk bayan 'yan awoyi, na jera su a kan faranti ina bi da lokutan salla. Kunun gyaɗa take zuƙa da tsinken roba. Wuyanta da bayanta sun fi idon damunta, nakan shafa mata man kaɗanya. Ba ta taɓa cewa wash ba. Na so ta ce, wallahi, shirun nan ya fi kuka wahalar ji.

Mahaifiyarta na kira daga Koriya kowace safiya. Mukan ajiye salula a ƙasa tana kallon sama, uwa ta ga fuskar ɗiyarta ta ramin matashi. Tsohuwa ce ƙarama, ba na jin yarenta, ba ta jin nawa. Ta nace sai an dafa wa Nari wata miyar ganyen teku da suke ba mai jinya. Na shiga metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa, har unguwar 'yan Asiya da hoton ganyen a salula, na samo, na dafa yadda aka kwatanta min. Gidan ya yi ƙarnin kifi har Malam ya buɗe tagogi duka. Nari ta sha, ta ce akwai daɗi. Ƙarya take, na ɗanɗana. Tsohuwar ta yi ta sunkuyo min da kai a cikin salula, ni kuma ina ta ce mata ba komai, ba komai, da Hausa.

Mako na biyu 'yan dubiya suka fara zuwa. Hajiya Rabi, ƙawata ta unguwar La Courneuve, ita ta jagoranci mata, suka cika ɗakin da ƙamshin turare da kwanonin abinci. Ta tsaya a kan Nari ta riƙe haɓa.

"Ikon Allah! Habsu, wannan ai ta fi mu sujada."

Mata suka kwashe da dariya. Daga nan shawara ta ɓarke. Wata ta ce a ɗiga zuma. Wata ta ce nonon mai jego ya fi komai, maƙwabciyarta ta haihu, za ta tatso. Hajiya Rabi ta fito da kwalli na Makka daga jaka ta ce shi ke ƙara gani. Na karɓa duka na gode, na ce ido a ɗinke yake, likita ta ce ko ruwan famfo kada ya shiga. Hajiya ta ce ni dai na zama 'yar Nasara. Zumar na sa wa Nari a shayi. Bayan sun tafi ta tambaye ni su waye. Na ce ba su san ki ba, sun dai ji kina kwance. Ta ce a garinsu ko 'yan ƙungiyarta ta dā ba wanda ya kira sai mutum ɗaya.

Ɗinkina ya tsaya, mai shagon Barbès ya fara kumbure-kumbure, sai na jawo keke ɗakin ina aiki a gefenta. A nan ta ba ni labarinta, tana yi wa ƙasa magana, Faransancinta a karye, nawa ma ba a miƙe ba. Tun tana ƙarama aka ɗauke ta daga gida aka kai ta makarantar kwana ta 'yan wasa. Gudu da asuba, raket har yamma, hutu sai da izini. Ta ce ba ta san bikin ƙawa ba, ba ta san kasuwa ba, kakarta ma ta rasu tana wata ƙasa tana gasa. Ita kaɗai ba ta yi fice ba, sai da aka haɗa ta da wata, suka yi shekaru tare har ta kai daga numfashin waccan take sanin inda za ta buga. Sun ci kofuna. Babbar gasar nan ta duniya da ake yi duk shekara huɗu ce ta kuɓuce musu, wasu biyu daga ƙasarsu suka sha gabansu da kaɗan. Abokiyar ta yi aure ta bari. Aka haɗa Nari da wannan, aka haɗa ta da waccan, daga baya aka daina kiran sunanta. Ta faɗi duk wannan kamar tana karanta min labarin wata. Na tambaye ta in ba wasa ba me ta iya. Ta ce ba ta taɓa gwadawa ba.

Rakiya kuwa ƙungiya ta kira ta Lyon, aka haɗa ta da wata yarinya na wucin gadi. Duk ƙarshen mako tana hanya, kuɗin jirgi yana cin aljihun babanta. In ta zo sai ta wanke wa Nari kai, ta yanke mata farce, ta share ɗaki, amma ba ta zama. Ta rame. Mai horar da su ya kira Malam ya ce yarinyar ta daina sara, in volan ya taso mata sai ta tura shi a hankali. Na yi mata magana a kicin, ta ce, "Maman, ki bar ni." Na bar ta.

Wata Lahadi da hantsi ina ɗiga magani Rakiya ta tsaya a bakin ƙofa, ta yi tambayar da ke cinta.

"Me ya sa kika waiwaya? Ke kika ce kada a waiwaya."

Nari ta mayar da fuska cikin matashi kafin ta amsa. Ta ce watanni tana gyara wa Rakiya tsallenta, kullum ƙafar baya na makara. Ranar ta ji ƙarar takalmin a bayanta, ta ji ya tashi daidai, karo na farko.

"Na so in gani," ta ce. "Kuma na gani. Ya yi kyau."

Rakiya ta zauna a ƙasa inda take tsaye. Ba ta yi kuka ba. Ni na rufe kwalbar magani na je na ɗora tukunya.

Bayan an yarda ta ɗaga kai, kumfar ta fara raguwa. Ta ce tana ganin wani layi yana rawa a cikin idon kamar ruwa a kwalba, sama haske, ƙasa duhu, kullum layin na sauka. Daga baya ya zama ɗan baƙin ƙwallo a ƙasa, ya zama ɗigo, wata safiya ta tashi babu shi. Muka koma asibiti, muka bi layi, aka ɗiga mata maganin buɗe ido, muka sake jira. Likitar ta duba ta daɗe, ta jingina da kujera ta yi murmushi. Ta ce fata ta kama, aiki ya yi kyau, idon ya tsira. Da almakashi ta yanke zoben robar da kanta. Allah ya saka wa matar nan da alheri, da ba don ita ba da idon ya mutu.

Nari ta rufe idon hagu da tafin hannu ta kalli ƙofar ofis. Ta ce ƙofar ta lanƙwashe a tsakiya. Likitar ta ce hakan na faruwa in ɓallewar ta taɓa tsakiya, wani yakan ragu da lokaci, wani yakan zauna. Nari ta tambaye ta batun wasa. Likitar ta ce ta sa tabarau na kariya, ta gwada ta gani, ita ba za ta yi mata alkawari ba.

A gida Malam ya yanka kaji. Hajiya Rabi ta yi guɗa a salula. Mahaifiyar Nari ta yi kuka tana tafa hannu. Kowa ya ji an ce aiki ya yi kyau, a nan kowa ya tsaya.

Mun ƙara jira kamar yadda aka ce, har sanyi ya wuce. Ƙofa ba ta miƙe ba. Sai Nari ta ce za ta je Lyon ta gwada, ta roƙe ni in raka ta. Rakiya ta karɓi makullin ɗakin wasa da safe kafin kowa ya zo. Mu uku ne kawai. Na zauna a benci da jakar Nari a cinyata. Nari ta ɗaure takalmi, ta sa tabarau, ta ɗan yi tsalle-tsalle a wuri ɗaya. Jikin nan yana nan yadda yake, ƙafafun kamar ba su taɓa kwanciya ba. Rakiya ta tsaya a ɗaya gefen ragar ta ɗaga mata volan sama, a hankali, irin wanda ake ɗaga wa mai koyo.

Nari ta shiga ƙarƙashinsa daidai, ta kai sara. Volan ya faɗo kusa da ƙafarta.

Rakiya ta sake ɗagawa. Wannan ya taɓa gefen raket ya tafi wani wuri. Ta sake. Wani ta same shi, wani ta wuce shi, wani ya wuce ta, kuma tsakaninta da shi bai fi faɗin tafin hannu ba. Nari ta matso raga, wurinta, ta ce a bugo da sauri. Nan abin ya fi muni. Rakiya ta ce wataƙila fitilun ne, wataƙila tabarau ne, a cire a gani, gobe a sake gwadawa. Nari ta tsugunna ta ɗauki volan ɗin da ke gabanta, ta gyara masa gashi da yatsa, ta miƙa mata ta saman raga.

"Ya isa," ta ce.

Ta zo ta zauna kusa da ni ta kwance takalmi. Na jira in ji zuciyata ta karye, ban ji ba. Sanyin bencin kawai nake ji. Ta gaya wa Rakiya ta riƙe yarinyar da aka haɗa ta da ita, tana da hannu mai kyau a raga, kuma ta koma sara, wadda ke gaba ita ke da alhakin fuskarta. Rakiya ta ce to. Muka kashe fitilu muka mayar da makulli.

Ƙungiya ba ta sabunta kwantiragin ba, Nari ma ba ta nema ba. Ta tattara kayan ɗakinta, ta kwana biyu a wajenmu, Malam ya kai ta filin jirgi. Tana can gidan mahaifiyarta. Tana karatu, tana tafiya ita kaɗai, tana zuba shayi ba ya zuba ƙasa. Duk wanda ya gan ta lafiyayya zai gani. Ta ce tana neman abin yi. Rakiya na wasa, da tabarau ita da abokiyarta, ta koma sara amma ba kamar dā ba.

Jiya Hajiya Rabi ta kira ni kan ɗinkin bikin jikarta. Bayan mun gama ta ce, "Af, ya 'yar Koriyarmu? Ido ya warke ko?"

Na ce ya warke.

"Alhamdulillah! Ai na ce miki. Ta koma wasanta ke nan?"

Na ce tana gida tana hutawa. Hajiya ta ce gara haka, ta huta sosai, wasa ai yana nan, ba inda za shi. Na ce haka ne, Hajiya, a gaida mutan gida.